Yadda mai ɗaukar hoto zai haɗa aikin dokumentari da fim ɗin labari

Kyamarar ɗaya ce, halin aikin ne ya bambanta. A fim ɗin labari, in ɗauka ta ɓaci darakta ya ce a sake. A dokumentari babu sakewa, don haka tun kafin ka isa wurin za ka gama shirinka.

A dokumentari, ɗaura lensin zum, wato mai kusanto da abu ko nisanta shi ba tare da an canja shi ba, kamar 24-70mm, don kafin ka canja lensi abin da ka zo ɗauka ya wuce. Saita kyamara a firem 24 ko 25 a daƙiƙa, shota kuma, wato tsawon lokacin da kyamara ke buɗe wa haske a kowane firem, 1/48 ko 1/50 na daƙiƙa. In hoto na ƙyaftawa a ƙarƙashin fitilar lantarki, shotar ce ba ta dace da wutar ƙasar ba: inda wuta take 50Hz tsaya a 1/50, inda take 60Hz koma 1/60. In rana ta ƙwalle, sa gilashin ND ya rage haske. Kada ka ƙara saurin shota, motsi zai fito a tsittsinke.

Kowace ɗauka ka riƙe ta aƙalla daƙiƙa 10 ba tare da motsa kyamara ba. Ɗauki wurin daga nesa, sannan fuska, sannan hannaye. Sababbin shiga sukan manne wa mai magana kawai, edita ya rasa inda zai yanka.

Fim ɗin labari haƙuri yake so. Ku zauna da darakta ku rubuta jerin ɗauka, ku je ku duba wurin a daidai lokacin da za a yi aikin, don ku ga ta inda rana ke shigowa. A nan lensi marasa zum, 35mm, 50mm da 85mm, sun fi amfani. Fara da babbar fitila, ka sassauta inuwa da ta biyu, ta baya kuma ta raba ɗan wasa da bango. A ma'aunin launin haske (K), fitilar tangistin mai haske ruwan goro 3200K ce, hasken rana wajen 5600K. In ka cakuɗa su da ka, fatar mutum za ta fito rabi ruwan goro rabi shuɗi. A hirar mutum biyu kada kyamara ta tsallake layin da ke tsakaninsu, in ba haka ba sai su fito suna kallon gefe guda.

Galibi daga mataimakin kyamara ake farawa, ana jan fokas da kula da batir. Haɗa samfurin aikinka kashi biyu, kowanne kamar minti 2, don furodusan dokumentari da na fim ɗin labari ba abu ɗaya suke nema ba. Kuma kada ka goge katin ajiya sai ka kwafe shi a wuri biyu, ka buɗe ka tabbatar.