Yadda ake ɗora fim mai dogon zango a YouTube ya kawo kuɗi

Tun da masu tura finafinai a waya suka durƙusar da kasuwar faifai ta Ƙofar Wambai, furodusoshin Kannywood da dama suka koma YouTube. Kafin ka ɗora, ka fara kai fim ɗin Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano idan a Kano kake aiki.

Tasha ba ta samun cikakken kuɗin talla sai ta tara mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin wata 12. Daga nan kashi 55 cikin ɗari na kuɗin tallan naka ne, amma AdSense, tsarin da Google ke biyan kuɗin talla ta cikinsa, ba ya biya sai kuɗin ya kai dala 100. Kowane kashi na fim ɗin ya kai minti 8, domin a iya saka talla a tsakiya.

Inda aka fi yin asara shi ne kiɗa. Ko ɗan guntun sautin fim ɗin Indiya edita ya saka, Content ID, manhajar YouTube mai gano sauti ko bidiyon da wani ya mallaka, za ta iya gano shi, kuɗin kashin ya koma wajen mai sautin. Idan kuwa masu haƙƙin mallaka suka sa aka cire maka bidiyo har sau uku cikin kwana 90, ana iya rufe tashar baki ɗaya. Gara ka biya makaɗi ya yi maka naka, ku rubuta yarjejeniya.

Ka kula da murya fiye da hoto, don a waya ake kallo. Maƙala wa jarumai ƙaramin makirufo a riga, a nisanta janareta. Fitar da aikin a ingancin hoto na 1080p, ka tsayar da rana ɗaya a mako ta ɗora sabon kashi, kada ka saɓa.