Yadda Ake Gina Baiwar Ganin Sauti a Labarin Almara

Idan jarumar labarinka 'yar unguwar Agege ta Legas ce mai ganin launin sauti, fara da kafa ƙa'ida. Haɗa gaɓoɓi biyu kawai, ji da gani. Uku rikici ne. Sai ka yi jadawali a gefe: hon ɗin danfo (bas ɗin haya na Legas) ja ne, kiran sallar asuba shuɗi, muryar maƙaryaci kuwa toka-toka take fitowa. Kada launi ya sauya daga babi zuwa babi. Ko a zahiri, masu irin wannan yanayi haɗinsu ba ya canzawa, kuma in ka sauya, mai karatu zai kama ka.

Baiwar kuma ta zo da wahala. A hayaniyar kasuwar Mile 12, launuka su cika mata ido har ta kasa gane hanya. In ba haka ba, tun babi na biyu za ta tona asirin mugun.