Idan kana ganin an yi wa mai laifi sassauci a kotun Ingila, ga yadda ake yi

To jama'a, a Ingila da Wales ba sai kai aka zalunta ba, ba sai kana da lauya ba, ko a jarida ka karanta hukuncin ka ga ya yi sauƙi da yawa, kana iya kai kuka ofishin Antoni Janar, kuma mutum ɗaya ma ya isa, ba sai an yi gangami ba. Dokar shari'ar laifuka ta 1988 (Criminal Justice Act) ce ta ba da wannan dama.

Amma fa ba kai za ka ɗaukaka ƙara ba. Naka rubutawa ne kawai, imel ma ya wadatar, ka saka sunan mai laifin, kotun da ta yanke, laifin, da ranar hukunci. Shi Antoni Janar ko mataimakinsa su za su duba, in sun gamsu su tura Kotun Ɗaukaka Ƙara, ita kuma ta ƙara hukuncin ko ta bar shi yadda yake.

Inda mutane ke makara shi ne lokaci, kwana 28 ne daga ranar hukunci, don haka kar ka tsaya sai gobe sai jibi. Sannan sai hukuncin Crown Court ne, wato kotun da ke sama da ta majistare, na manyan laifuka irin kisa, fyaɗe, fashi, ta'addanci. Na majistare kam babu.