Yadda ake nuna wa ɗalibai tsoffin finafinan tsibirai

Malamin da ke son nuna wa ɗalibansa, a Garwa ko Marwa da ke arewacin Kamaru, tsoffin finafinan da Turawa suka ɗauka a tsibiran tekun Fasifik, wajibi ne ya kalli fim ɗin shi kaɗai tun kafin ranar majigi. Finafinan ba su da sauti, bayaninsu rubutun Ingilishi ne da ke fitowa tsakanin hotuna, don haka sai a kwafe shi a takarda, a fassara da Hausa ko Faransanci, a ba wani mai murya ya riƙa karantawa. A sauke fim ɗin a kwamfuta tun da wuri, kada a dogara da intanet.

Wanda ya fi dacewa a fara da shi shi ne Moana na Robert Flaherty, na 1926, wanda aka ɗauka a ƙauyen Safune da ke tsibirin Savai'i na Samowa. A kula wajen nema, domin akwai katun na Disney mai wannan suna, kuma shi ne ke fara fitowa.

Babban aikin yana wajen da ake yi wa saurayin fim ɗin zanen jiki, wato jarfa, daga ƙugu zuwa gwiwa. A nan ne za a dakatar da majigi, a shaida wa ɗalibai cewa Flaherty ne ya shirya wannan zane ya kuma biya kuɗinsa, cewa iyalin da suke gani ba 'yan gida ɗaya ba ne, zaɓo su ya yi, sannan ya sa su ɗaura tufafin ɓawon itace na da maimakon yadin da suka saba sawa. Zafin da ke fuskar yaron na gaske ne, amma an tsara lokacinsa ne domin kyamara. Sai a tambaye su: wa ke riƙe da kyamara, kuma su wa aka yi niyya su sayi tikiti?

A ganina a tsallake Cannibals of the South Seas na Martin da Osa Johnson, na 1918, ga ƙananan yara, domin tun daga sunansa an mai da mutanen tsibiran masu cin naman mutane.

A mako na gaba, domin a kwatanta da abin da ɗalibai suka sani a gida, a kawo Voyage au Congo na Marc Allégret, na 1927, wanda ya ɗauka a tafiyarsu da marubucin Faransa André Gide har Chadi da arewacin Kamaru. Idan dogayen ɗakunan laka na ƙabilar Musgum suka bayyana, malam ya yi shiru, ya bar 'yan yankin kogin Logon da ke ajin su faɗi abin da kyamara ta kama da abin da ta bari a bayan ɗaki.