Yadda za ka gane wace Teresa ake nufi

In za a yi wa yarinya baftisma aka ce sunanta Teresa, katikis, wato malamin koyar da addini a coci, zai iya tambaya wace Teresa, nan ne iyaye ke fara kallon juna, don masu wannan suna cikin waliyyan Katolika suna da yawa kuma kowacce da ranar bikinta.

Fara da garin da ake liƙa wa sunan. Teresa ta Avila 'yar Sifen ce, an haife ta 1515 ta rasu 1582, ita ta gyara tsarin ƙungiyar Karmel ta masu keɓe kansu don ibada, bikinta 15 ga Oktoba. Ta Lisieux kuwa 'yar Faransa ce, yarinya ce ma, shekara 24 kacal ta yi a duniya ta rasu 1897, bikinta 1 ga Oktoba. Wata ɗaya ne bikinsu, kuma dukansu sistocin Karmel ne masu riga ruwan ƙasa, to kaya ba zai raba maka su ba sam, hannu za ka duba a hoto. In ka ga furanni da gicciye a rungume ta Lisieux ce, in alƙalami da littafi ne, wani lokaci da kurciya a gefe, to ta Avila ce don marubuciya ce sosai.

Mama Teresa ta Kalkuta ba ta da wahala, farin mayafi mai shuɗin baki kowa ya san shi. A Skopje, babban birnin Makidoniya ta Arewa a yau, aka haife ta 1910, ta rasu 1997, Fafaroma Francis ya ayyana ta waliyya 2016, bikinta 5 ga Satumba. Ita kanta sunan ta Lisieux ta ara, ba na ta Avila ba kamar yadda wasu ke zato.

Akwai ta huɗu da aka cika mantawa da ita, Teresa Benedicta wato Edith Stein, Bayahudiya ce ta zama Kirista ta shiga Karmel, 'yan Nazi suka kashe ta a sansanin gwale-gwale na Auschwitz 1942, bikinta 9 ga Agusta.

Ni dai a ganina ranar biki ta fi komai saurin raba gardama, hoto kan ruɗa mutum musamman waɗannan ƙananan katunan da ake sayarwa a ƙofar coci. Ku zaɓi ɗaya tun kafin ranar baftisma, ku faɗa wa fada cikakken sunan har da garin, sannan ku rubuta ranar a wani wuri don yarinyar ta tashi ta san takwararta.