Darasi na 9: Mai Kiwo, Maƙwabta da 'Yan Sanda

Bari mu ɗauki misali. Wani mutum a bayan garin Kano yana kiwon kaji masu ƙwai guda 500. Lokacin da ya fara, gonaki ne kewaye da shi. Yau gidaje sun cim masa ta ko'ina. Da damina ta kankama, kashin kaji ya jiƙe, wari ya tashi. Ƙudaje suka yi yawa, har uwar gida ba ta iya buɗe kwanon tuwo a tsakar gida. Ruwan wankin keji yana bin kwata, ya je ya kwanta a ƙofar gidajen mutane, inda yara ke wasa.

Sau biyu dattawa suna yi masa magana bayan sallar asuba. Sau biyu yana cewa: "Ai na riga ku zuwa nan." Ran wata Asabar sai samari suka taru a ƙofarsa, wasu da duwatsu a hannu, suna cewa a kwashe kajin ko su kwashe su da kansu.

In kai ne, me za ka yi?

Kada ka fito da gora, kada kuma ka gayyato 'yan daba. Rufe ƙofa, ka shigar da yaran aikinka ciki. Kira lamba 112, kyauta ce, ko ka tura wani caji ofis mafi kusa. Ka kuma aika wa mai unguwa nan take, domin samarin nan ya san iyayensu ɗaya bayan ɗaya.

Tsare rai da dukiya aikin 'yan sanda ne, haka Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ta ce. Wanda ya fasa maka keji, ko ya kashe maka dabba, ko ya cinna wuta, ya yi laifi, ko da warin gidanka ya dame shi. To amma maƙwabtanka ma suna da haƙƙi. Sashe na 40 na tsarin mulkin 1999 ya ba su damar taruwa cikin lumana. In sun tsaya suna koke ba tare da ɓarna ba, su ma 'yan sanda tsaron su za su yi. Dokar 'Yan Sandan ta kuma hana a kama mutum a kan rigimar da ba ta laifi ba ce. Na sha ganin mai hali ya sa an kulle ɗan maƙwabcinsa don kawai ya ɗaga murya, kuma abin yana ɓata mini rai. Beli kyauta ne, yaron zai fito, amma gabar da aka shuka tana iya kaiwa ga jikoki.

In ana yi maka barazana tun kafin a taru, rubuta takarda zuwa ga baturen 'yan sanda na yankinku, wato DPO. Gajeriya ta isa:

"Ranka ya daɗe, ni mai kiwon kaji ne a unguwa kaza. Ranar kaza wasu sun ce za su fasa mini keji saboda wari. Ina roƙon a ba mu tsaro, a kuma haɗa mu zama da maƙwabtana a gaban mai unguwa da duba-gari."

Sa kwanan wata, ka sa hannu ko ka dangwala yatsa, ka ajiye kwafi ɗaya.

Ɗan sanda zai kori mai jifa, amma ba zai kori ƙuda ba. Zai tsaya yini ɗaya ko biyu ya tafi, kai da maƙwabta ku kwana da warin. Maganar ƙazanta ta duba-gari ce, wato jami'in lafiyar muhalli na ƙaramar hukuma. Shi zai shiga ya duba, ya ba ka wa'adin gyara a rubuce. In ka ƙi, sai kotu. A matakin tarayya akwai hukumar NESREA da aka kafa a 2007 don kula da dokokin muhalli. "Na riga ku zuwa" ba ta wanke mutum a gaban duba-gari. Malamanmu ma kullum suna faɗa: ba cuta, ba cutarwa.

Gyaran kuwa bai kai tsadar shari'a ba. Jiƙaƙƙen kashi shi ne tushen wari. Shimfiɗa buntun shinkafa ko diddigar katako mai kauri, ka toshe duk inda rufi ke yoyo, ka gyara mazubin ruwan da ke ɗiga. A lokacin zafi, ƙwan ƙuda yakan zama cikakken ƙuda cikin kwana 7 zuwa 10. Saboda haka kada tarin kashi ya wuce mako a gidanka. Ɗura shi a buhu, masu lambu da manoman masara suna saye da kuɗi. Haƙa rami a cikin filinka, nesa da rijiya, don ruwan wanki ya daina bin kwata. Kazar da ta mutu a binne ta da zurfi, kada a jefa a bola. In sun fara mutuwa da yawa a rana guda, kira likitan dabbobi, domin murar tsuntsaye ta shigo Najeriya tun 2006 kuma tana dawowa.

Ranar zaman sulhu ka fara da ban haƙuri. Ce wa dattijon: "Baba, na ji kukanku. Ku ba ni mako biyu, ku zo ku gani da idonku." A rubuta abin da aka amince, kowa ya sa hannu. In filin ya yi wa kiwon kaɗan, faɗi gaskiya, ka nemi lokacin da za ka mai da kajin bayan gari.

Aikin aji: Karanta waɗannan kalmomi da ƙarfi, ka kwafe su: tsaro, barazana, wa'adi, duba-gari, sulhu. Sannan ku kasu biyu. Rukuni ɗaya ya rubuta takardar mai kiwo zuwa ga DPO. Ɗaya rukunin ya rubuta koken maƙwabta zuwa ga duba-gari, da ranar da warin ya fara da gidajen da ya shafa.