Ga sababbin zuwa Veneto da Trentino: ƙarfen kan dutse ba na gwangwan ba ne

Duk wanda ya sauka Vicenza, Bassano ko Trento, a arewacin Italiya, zai ga ginshiƙi mai jerin sunaye a dandalin kusan kowane ƙauye, da furanni a gindinsa. 'Ya'yan garin ne da suka mutu a yaƙi. Italiya ta shiga yaƙin duniya na ɗaya ranar 24 ga Mayu 1915, aka tsagaita wuta 4 ga Nuwamba 1918, kuma duwatsun nan da kake hangowa ta taga su ne fagen da suka gwabza da Ostiriya. Kada ka zauna a gindin ginshiƙin kana cin abinci, kada ka jingina masa keke.

Dattawan da za ka gani da hula mai gashin tsuntsu guda ɗaya a gefen hagu su ne Alpini, tsofaffin sojan duwatsu. An kafa rundunar a 1872, ƙungiyar tsofaffinta kuma a 1919. Su ne ke girka wa gari abinci ranar biki, su ne ke fitowa idan an yi ambaliya. Hular ta wanda ya yi aikin ce. Yaranmu kan fizge ta su ɗora don hoton TikTok, sai a ga fuskar mai ita ta sauya. Idan suka miƙo maka giya ko tsiran alade, ka ce "grazie, sono musulmano" (na gode, ni Musulmi ne), za su kawo maka polenta, wato tuwon masararsu, da cuku, ba a fushi.

Manyan gine-ginen da ake kira sacrario maƙabartu ne, ba wurin shaƙatawa ba. Na Redipuglia yana ɗauke da gawa fiye da 100,000, wajen 60,000 ba a san sunansu ba, kuma an sassaƙa kalmar "Presente" (wato "ga ni") a jere a kan matakalarsa 22, kamar ana kiran suna suna amsawa. A ƙolin Monte Grappa an binne Italiyawa sama da 12,000 da abokan gabarsu sama da 10,000 a wuri guda. A ɓangaren Ostiriya akwai kabari mai lamba 107, na wani saurayi mai suna Peter Pan da ya mutu a Satumba 1918. Kullum sai ka tarar da 'yan furanni da tsakuwoyi a gabansa, har labari ya bazu cewa wani ne ke zuwa a ɓoye yana ajiyewa. Ka duba, ka wuce, kada ka taɓa. Mu da muka san ladabin maƙabarta tun daga gida bai kamata a ce mana mu rage murya ba.

Inda mutanenmu ke faɗawa rami shi ne ƙarfe. Fiye da shekara ɗari da gama yaƙin, har yau ƙasa na tofo harsasai, gurneti da kwanson igwa, musamman bayan ruwan sama ko narkewar ƙanƙara. Mai aikin inabi a gefen kogin Piave yana cin karo da su, mai aikin gini ma haka. Sabon zuwa, musamman wanda ya taɓa harkar gwangwan a gida, da ya ga tagulla sai ya fara lissafin kilo. Talakawan yankin sun riga ka wannan sana'a bayan yaƙi, ana ce musu recuperanti, kuma da yawansu sun bar hannu ko rai a kanta.

Tsatsa ba ta kashe bam. Abin da take ci shi ne jikin ƙarfen, sinadarin ciki kuwa sai ƙara saurin tashi yake. Jijjiga a cikin jaka, bugun guduma, ko zafin wutar da ka hura a kusa sun isa. Wasu kwansayen ma iskar guba ce a ciki, mai ƙona fata da huhu, kuma ido ba ya bambance su.

Ko bai tashi ba, ga doka. Ajiye makamin yaƙi ko abin fashewa a gida babban laifi ne, ba ruwan alƙali da tsufansa. Ɗan ƙasa zai sha shari'arsa ya koma gida, kai kuwa hukunci irin wannan na iya tare ka a Questura, ofishin 'yan sanda, ranar sabunta permesso, takardar izinin zama, bayan shekarun da ka yi kana tara takardun albashi da na haya. Ko kwalkwali da cokalin soja dokar ƙasa mai lamba 78 ta 2001 ta sa su cikin kayan tarihi, kuma a Veneto tsintar su sai da izinin gwamnatin yanki, izinin da bai shafi harsashi ba sam. Mai gidan haya da ya ga kwanson igwa a baranda ba zai tsaya jin bayaninka ba.

To, idan ka gani: kada ka ɗaga, kada ka tone, kada ka taɓa da sanda. Ka ja baya ta hanyar da ka zo, ka ɗaura ƙyalle a bishiya can nesa, ka adana wurin a taswirar wayarka, ka kira 112. Ka ce "ho trovato un ordigno" (na ga abin fashewa). Jandarmomin Carabinieri za su zo su killace wurin, masu kwance bam su biyo baya. Wanda ya kai rahoto bai yi laifi ba. A wurin aiki kuma ka fara gaya wa shugaban aikin, kowa ya ajiye shebur. Idan ƙashin mutum ne, lambar dai ita ce.

Mai son ganin fagen da idonsa ya hau Strada delle 52 Gallerie a dutsen Pasubio, hanya mai ramuka 52 da sojoji suka fafe cikin dutse a 1917. Tsawonta kilomita 6 da rabi, hawan ya kai mita 700, an hana keke. Wasu ramukan duhu ne ƙirin, ƙasansu da santsi, don haka sai da tocila da takalmi mai haƙora. Silifas ba ya yi. Ka tashi da sassafe saboda hadarin yamma, ka riƙe rigar sanyi ko a watan Agusta ne, don duk mita 1,000 na hawa zafi na raguwa da wajen digiri 6.